Gaskiya ko Jita-jita: Wai Zamani Ne Ya Kashe Sana'o'in Hannu a Kudancin Kaduna?

Daga Gidan Waya zuwa Kafanchan, daga Kwoi zuwa Zonkwa, duk inda aka ɗauko zancen ginin tukwane, ƙira, saƙa ko sassaƙa, amsar ɗaya ce: "Ai zamani ya kashe su." Dattijo ya faɗa da takaici, saurayi ya faɗa ko a jikinsa. Maganar tana da saurin karɓuwa domin ba ta kama sunan kowa ba. Zamani ba shi da ofis, ba a kai shi ƙara gaban hakimi, don haka da an ambace shi sai kowa ya kakkaɓe riga ya tashi. Ni dai maganar ba ta gamsar da ni ba. In aka bi sana'o'in nan ɗaya bayan ɗaya, za a tarar kowacce da irin ciwon da ya kama ta da lokacin da ya kama ta, wasu ma ana yi musu ta'aziyya alhali suna nan da ransu.

A fara da wadda aka fi ji, cewa roba ta kori yumɓu. Akwai gaskiya mai yawa a nan, kuma bai dace a yi wa matan da suka zaɓi roba kallon marasa kishin al'ada ba. Tulu ko babu ruwa a cikinsa kaya ne. Yarinyar da za ta gangara rafi ta hauro da shi a ka, tuntuɓe ɗaya ya isa ya raba ta da tulun da ruwan gaba ɗaya. Jarka ba ta da nauyi, ba ta fashewa, ana ɗaura biyu ko huɗu a bayan babur. Tukunyar alminiyam tana saurin ɗaukar zafi, ba ta tsagewa don an sauke ta da gaggawa. A ɗiban ruwa da girkin yau da kullum yumɓu ya sha kaye, kuma ba na jin zai dawo.

Sai dai ba nan aikin yumɓu ya tsaya ba. Mai waina har gobe ta san bambancin tandar ƙasa da ta ƙarfe. Kaskon turaren wuta, asusu, tukunyar shuka fure, manyan tukwanen da ake dafa burkutu a ƙauyukan yankin nan, duk suna da masu nema. Randa kuwa babu robar da ta iya aikinta. Jikinta yana da 'yan ƙofofin da ido ba ya gani, ruwa yana tsattsafowa ta nan, iska ta busar da shi, bushewar ce ke janye zafin abin da ke ciki. Da wannan hikimar marigayi Mohammed Bah Abba, malami a kwalejin kimiyya da fasaha ta Jihar Jigawa da ke Dutse, wanda shi ma ɗan gidan magina ne, ya yaɗa dabarar tukunya cikin tukunya: a zuba jiƙaƙƙen rairayi a tsakaninsu, a rufe da jiƙaƙƙen tsumma, sai gauta da tumatir da alayyafo su yi kwanaki ba su lalace ba. Ya sa magina suka gina dubbai, ya kuma samu lambar yabo ta Rolex a 2000. Dabarar ta fi ci a lokacin hunturu da bazara, sa'ad da iska take a bushe. A doguwar daminar Kudancin Kaduna, mai yawan laima, sanyin da take bayarwa yana raguwa, kuma wanda zai tallata ta a nan ya kamata ya faɗi haka tun farko.

Daga son randa wata magana ta tsiro, wai duk abin da aka yi da hannu ya fi lafiya, wai ma ruwan randa magani ne. Wannan jita-jita ce. Randa tana sanyaya ruwa, ba ta kashe ƙwayar cuta. In aka bar bakinta a buɗe, kowa ya tsoma moɗa da hannun da bai wanke ba, ruwa mai kyau ma sai ya gurɓace a cikinta. Tukwanen alminiyam da ake zubawa a gida kuwa, waɗanda ake narka tarkacen inji da gwangwani a yi su, bincike da aka yi a Kamaru a 2014 ya nuna wasunsu suna sakin dalma cikin abinci. Wanda ya tuna abin da gubar dalma ta yi wa yaran Zamfara a 2010 ba zai ɗauki wannan da wasa ba. Kare sana'ar masu zubin tukwane ya haɗa da koya musu irin tarkacen da bai kamata ya shiga wuta ba.

Akwai kuma masu ganin cewa da za a kawo wa magina injin juya tukunya da murhun gasawa irin na Turai, da an gama ceton sana'ar. An gwada wannan ba da nisa da mu ba. A farkon shekarun 1950 wani Bature magini, Michael Cardew, ya buɗe cibiyar koyar da ginin tukwane a tsohuwar Abuja, wadda yau ake kira Suleja. A 1954 Ladi Kwali, Bagwariya wadda ta koyi gini a hannun 'yar uwar iyayenta, ta zama mace ta farko da ta shiga cibiyar. Ayyukanta sun je Landan, Jami'ar Ahmadu Bello ta ba ta digirin girmamawa a 1977 ba tare da ta taɓa yin karatun boko ba, hotonta ne kuma a bayan naira 20. Babu mai ja da wannan ɗaukaka. Amma a duba abin da ya faru da tulun kansa. Da aka shafe shi da ruwan gilashi aka gasa shi da wuta mai tsanani, sai ya ƙara nauyi, ƙofofinsa suka toshe, ya daina sanyaya ruwa, ya koma kayan ado na masu hali. Tukunyar da matan ƙauye ke gasawa a fili da itace da ciyawa ita ce ke jure zama kan duwatsun murhu ba ta tsage ba. Sana'a biyu ce daban, kasuwa biyu daban. Ta farkon ta ɗaga mutum kaɗan, ta biyun ita ce ke ciyar da gidaje masu yawa, ita ce kuma ba a cika tunawa da ita ba in ana rabon tallafi.

Zancen Nok ba ya buƙatar tsawaitawa. Gaskiya ne an fara tono mutum-mutumin yumɓu a 1928 kusa da ƙauyen Nok, a ƙasar Jaba, wajen haƙar kuza, kuma shahararren kan mutum-mutumin nan na Jema'a da aka kai wa Bature mai binciken kayan tarihi Bernard Fagg a Jos a farkon shekarun 1940 shi ya buɗe wa duniya ido. Masana daga Jami'ar Frankfurt ta Jamus, waɗanda suka soma aiki a yankin tun 2005, sun kai farkon al'ummar da ta gina su zuwa kusan shekara 3,500 baya, har an gano alamar zuma a cikin tsofaffin tukwanensu. Amma cewar wata ƙabila ta yau ita ce ta gaji ginin Nok hannu da hannu ba tare da yankewa ba, wannan binciken bai tabbatar da shi ba. Sunan ƙauyen da aka fara samun kayan ne aka laƙaba musu. Abin da ke min ciwo shi ne, yumɓun da ya shekara dubbai a ƙasa ɓarayi sun sace shi sun kai Turai an saye shi da tsada, har sai da majalisar gidajen tarihi ta duniya ta sa shi cikin jerin kayan da ke cikin haɗari a 2000, ita kuwa maginiyar da ke raye a kusa da ramin ana yi mata ciniki kamar za a karɓa kyauta.

Ƙira ita ce sana'ar da aka fi yi wa ƙarya. A da aiki biyu ne: akwai masu haƙo tama su narka ta su fitar da ƙarfe, akwai masu bugun ƙarfen a uwar maƙera. Narkar da tama, wadda ƙasar nan ta sani fiye da shekara 2,500, ita ce ta mutu, kuma an san abin da ya kashe ta. Da Kafanchan ta zama mahaɗar layin dogo a 1927, ga kuma kamfanonin kuza a tsaunukan Jos, sai tsohon ƙarfe ya wadata. Wa zai kwana yana zuga wuta a kan tama alhali ga guntun ƙarfen dogo, daga baya ga sifirin ɗin mota a hannun 'yan gwangwan? Amma maƙeri bai je ko'ina ba. Ya sauya wurin samun ƙarfensa, ya ci gaba da aiki. Wasu sun ajiye zugazugin fata sun koma fanka mai juyawa da hannu ko da batir, masaba da awartaki suna nan yadda suke.

Dalilin rayuwarsa a fili yake. Mafi yawan gonakin yankin nan da hannu ake noma su, kuma kowace ƙasa da irin garmar da ta karɓe ta. Mai tulin doya da mai kunyar dawa ba garma ɗaya suke riƙewa ba. Kamfanin da ke ƙetare bai san wannan ba, maƙerin unguwa kuwa ya san tsawon manomin da taurin gonarsa, in baki ya dakushe ya koɗa masa, in ƙota ta karye a sake. Noman citta a Kachia, Jaba da Kagarko kaɗai yana cin lauje na yankan ciyawar da ake rufe gona da ita, da fartanya, da wuƙaƙen tsaga citta bayan an tono. Shi ya sa cutar da ta lalata citta a 2023 ba manoma kaɗai ta taɓa ba. Manomin da ya yi asarar amfaninsa zai lallaɓa tsohuwar garmarsa ta ƙara shekara, bashin da ya ce zai biya da kaka kuma ya koma sai wata kakar. Ga tsadar gawayi, ga tsohon ƙarfe da manyan kamfanonin narkawa ke kwashewa a tirela. Waɗannan su ne ciwon maƙeri na gaske. An kuma ƙara masa da wani, wato zargin cewa duk maƙeri maƙerin bindiga ne. An kama masu yin haka a ɓoye, har a yankin Kafanchan, amma shafa wa dukan masu sana'ar baƙin fenti zalunci ne ga mutumin da bai san komai ba sai lauje da gatari.

Saƙa da rini fa? Ana cewa da Turawa suka iso da yadinsu shi ke nan masaƙa suka naɗe. Tarihi bai yarda ba. Lokacin da matafiyi Bajamushe Heinrich Barth ya shiga Kano a 1851 ya tarar tufafin da ake saƙawa ana rinawa a ƙasar suna kaiwa har Tambutu da Tarabulus. Masu masaƙun Manchesta sun kafa ƙungiyar bunƙasa noman auduga a 1902, suna sa ran da jirgin ƙasa ya isa Kano, wanda ya isa a 1911, audugar Arewa za ta kwarara zuwa Ingila. Sai masaƙan gida suka riƙa sayen audugar da kuɗin da ya fi na Turawan, manoma kuma suka karkata ga gyaɗa. Shekaru da dama masaƙin gwado da saƙi yana gogayya da injin Ingila bai faɗi ba. Marina ma haka. Shunin kanti da kamfanin BASF na Jamus ya fitar a 1897 ya durƙusar da noman baba a Indiya cikin 'yan shekaru, amma marinan Kano da Kura sun daɗe bayan haka suna cika karofi, har yau kuma ana rini a Ƙofar Mata.

Abin da ya fi ƙaryata zancen cewa sabo kullum shi ke cinye tsoho yana Kakuri. Masaƙar Kaduna ta KTL ta fara aiki a 1957, wasu suka biyo baya, Arewa da Nortex da UNTL, har Kaduna ta zama garin masaƙu. 'Ya'yan Kudancin Kaduna da yawa can suka samu aikin albashi, suka cika Kakuri da Nasarawa da Sabon Tasha. KTL ta rufe a 2002, UNTL ta tsaya a 2007. Rashin wutar lantarki, tsadar baƙin mai, tsufan injuna, sassauta shigo da yadi bayan Najeriya ta shiga Ƙungiyar Ciniki ta Duniya a 1995, da fasa-ƙwaurin atamfar Sin ta iyakokin Nijar da Benin, su suka haɗu suka kayar da su. Ga masana'antar zamani ta mutu, ga kuwa masu ɗinkin hannu na babbar riga a birnin Zariya suna nan, matan da ke ɗinka hula a cikin gida suna nan, masaƙan Okene da Iseyin suna nan. Waɗannan sun rayu ne saboda sun riƙe kasuwar da inji ba ya iya shiga, ta sarauta da aure da biki. A nan ma, bikin Afan na Kagoro a ranar 1 ga Janairu da Tuk-Ham na Kwoi suna tara dubban mutanen da ke son shigar gargajiya. In yadin da suka ɗinka bugun inji ne daga Kantin Kwari, to shugabannin ƙungiyoyin da suka ba da odar ne suka zaɓi haka, kuma suna iya zaɓar wani abu dabam.

Mutanenmu da suka taso da kallon fina-finan Indiya sukan ce can gwamnati ta tsaya wa masu sana'ar hannu, shi ya sa sarinsu bai mutu ba. Tsayawar kam an yi. Tun 1985 Indiya take da dokar da ta keɓe wa masaƙan hannu wasu nau'o'in tufafi, waɗanda yanzu 11 ne, aka hana inji yin su. Sarin Banaras ya samu rajistar kariyar sunan asali a 2009. Tun 2015 ake bikin ranar masaƙan hannu kowace 7 ga Agusta, a 2023 kuma aka ƙaddamar da shirin Vishwakarma na horo da rance ga sana'o'i 18, ciki har da magina da maƙera da masassaƙa. An ma umarci wasu tashoshin jirgin ƙasa su riƙa sayar da shayi a kofin yumɓu don magina su samu ciniki. Duk da haka ƙidayar gwamnatin kanta ta nuna masu cin abinci ta saƙar hannu sun ragu daga kusan miliyan 6.5 a 1995 zuwa miliyan 4.3 a 2010, zuwa miliyan 3.5 a 2020, kuma kusan kashi biyu cikin uku na gidajensu ba sa samun rupi 5,000 a wata daga sana'ar. Injunan Surat suna kwaikwayon zanen Banaras su sayar da arha, mai saye bai iya bambancewa ba. Doka ta rage saurin faɗuwar, ba ta tsayar da ita ba. A ganina abin koyi mafi amfani daga Indiya shi ne ƙidayar: sun san yawan masaƙansu, da inda suke, da abin da suke samu. Shugaban ƙaramar hukumar Jema'a da zai sa a rubuta magina da maƙeran kowace gunduma, ya riga ya yi abin da ya fi rabon injin ɗinki a gaban 'yan jarida.

Sai zargin da ake ɗora wa yara, wai ragwaye ne, sun raina gado. Ban yarda ba. A je gareji da shagunan walda da na tela a Kafanchan, ko Panteka a Kaduna, a ga yaran da ke yini a tsaye suna koyon aiki shekara da shekaru. Ba wahala suke gudu ba, lissafi suka yi. Yarinyar da ta tashi ta ga uwarta ta haƙo yumɓu, ta ɗauko shi a ka, ta jiƙa, ta kirɓa, ta gina, ta jira ya bushe, ta nemo itace ta gasa, wasu su fashe a wuta, wasu su fashe a mota, sannan a kasuwa mai saye ya ce, "Haba Mama, ƙasa ce fa, rage mana," wannan yarinya ta san abin da take gudu. Ƙasa ce, amma kwanakin da aka zuba a cikinta ba ƙasa ba ne. Ilimin boko, wanda ya kafu a yankin nan da wuri ta hanyar makarantun mishan, ya buɗe wa iyayensu ƙofar aikin malanta da soja da jirgin ƙasa, kuma babu wanda zai ce sun yi kuskure da suka shiga. Kuskuren makarantar ne da ta bar yaro yana jin kunyar faɗin sana'ar gidansu. Kwalejin Ilimi ta Gidan Waya tana yaye malaman da za su koyar a firamaren ƙauyukan nan. In jami'a ta iya karrama Ladi Kwali, kwaleji ma tana iya ɗaukar maginiya ko maƙeri daga maƙwabta, ta biya shi, ya koyar da ɗalibanta a gaban wuta.

Akwai wani sanadi da ba a so a faɗa a wurin biki, kuma a yankin nan ina ganin ya fi sauran nauyi. Sana'ar hannu da kasuwa take rayuwa, kasuwa kuma da zaman lafiya. Rikicin Zangon Kataf na 1992 a kan sauya wa kasuwa wuri ya faro. A watan Afrilun 2011 kasuwar Kafanchan ta ƙone a rikicin bayan zaɓe. Hare-haren 2016 a Godogodo da kewaye sun kai ga rufe kwalejin Gidan Waya tsawon watanni, ɗaliban da ke sayen kayan masarufi suka watse. Ciniki a nan tun asali na musaya ne tsakanin mutanen da ke buƙatar juna: maginiya daga ƙauye ta kawo tanda da randa ga gidajen cikin gari, maƙeri da baduku na cikin gari su sayar wa manomin ƙauye, Bafulatana ta sayi ƙwarya da faifai ta sayar da nono. Duk lokacin da aka yi rikici unguwanni suka rabu, kowane mai sana'a yana rasa wani kaso na masu sayensa, kuma ba duka ke dawowa ba. Ramin yumɓu a bakin rafi yake, itacen turmi da na gawayi a daji suke, kabar tabarma a fadama take, wato wuraren da mace ke tsoron zuwa ita kaɗai tun da garkuwa da mutane ta yi yawa. Wadda ta daina zuwa kasuwa da kanta dole ta sayar wa dillalin da ya biyo ta gida a kan kuɗin da ya ga dama. Rumfa mai rufi da za ta ajiye tukwanenta daga wannan cin kasuwa zuwa na gaba, da rakiyar 'yan sintiri ranar haƙar yumɓu, abubuwa ne da sarkin kasuwa da dagaci da shugaban ƙaramar hukuma za su iya yankewa a zama ɗaya, ba sai an jira Abuja ba.